Jinotaif, sel da gado: tambayoyi da amsoshi kan bayanin da ake mana, ina aka faɗi daidai, ina sauƙaƙawa ta yi yawa

Akwai muhawarar da ba ta ƙarewa tsakanin malaman bayoloji da ma'aikatan lafiya da masu wayar da kai a rediyo. Wasu na cewa a sauƙaƙa kawai mutane su gane, ba kowa ne zai zama likita ba, wasu kuma na cewa a'a, a faɗi abu yanda yake ko da zai yi nauyi a kunne. Ni ban ƙi sauƙaƙawa ba ko kaɗan, amma da abu ɗaya nake auna ta: idan mutum ya ji bayanin ya tafi ya yanke hukunci a kai, na aure ko na saki ko na magani, zai cutu ko ba zai cutu ba? Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda ɗalibai da iyaye da masu shirin aure suka fi yawan yi kan jinotaif, wato haruffan nan biyu irin AA, AS ko SS da mutum ke gada, ɗaya daga uba ɗaya daga uwa, inda SS shi ne mai sikila.

Malam, wai da gaske ne idan AS ya auri AS, cikin 'ya'ya huɗu ɗaya ne zai zama sikila?

A'a, ba haka ba ne, kuma wannan ita ce maganar da ta fi kowacce damuna sabida ta yaɗu har cikin bakin wasu ma'aikatan asibiti. Abun da yake daidai shi ne: duk cikin da aka ɗauka, kowanne shi kaɗai, akwai yiwuwar kashi 25 cikin ɗari yaron ya zo SS, kashi 50 ya zo AS, kashi 25 ya zo AA. Ciki na biyu bai san me ya faru a ciki na farko ba. Ka ɗauka uba yana da kwabo mai fuska biyu, A a gefe S a gefe, uwa ma tana da nata, duk lokacin da aka samu ciki kowa ya wurga nasa sama, abun da ya faɗo shi yaron ya ɗauka, kwabon kuma ba ya tuna abun da ya faɗo a bara.

Shi ya sa za ka ga gida AS da AS 'ya'ya biyar ba sikila ko ɗaya, ka ga wani gidan 'ya'ya uku a jere duk SS. Idan ka yi lissafin, ma'aurata AS da AS da suka haifi 'ya'ya huɗu, yiwuwar su tsira ba SS ko ɗaya kusan kashi 32 ne, wato yiwuwar a samu aƙalla ɗaya kusan kashi 68 ne, idan 'ya'yan shida ne kuwa yiwuwar tsira gaba ɗaya ta sauko kusan kashi 18. Illar waccan maganar ta "ɗaya cikin huɗu" a fili take, akwai masu cewa to mu haifi uku mu tsaya kafin a zo kan na huɗun, akwai kuma waɗanda ɗan farinsu ya zo sikila sai su ce shikenan mun biya, ukun da za su biyo lafiya lau ne. Duka biyun daga bayanin da aka gajarta suka ɗauko.

To ai haka aka zana mana a allo, akwati huɗu, ɗaya SS. Littafin ne ya yi kuskure?

Littafin bai yi kuskure ba, yanda ake karanta zanen ne matsalar. Wannan zanen na Reginald Punnett ne, wani masani ɗan Ingila, kuma akwatunan huɗu ba 'ya'ya huɗu ba ne, hanyoyi huɗu ne da ciki guda ɗaya zai iya kasancewa. Shi kansa Gregor Mendel da aka gina darasin a kan aikinsa, wanda ya wallafa a 1866, ba da 'ya'yan wake huɗu ya gano rabon gado na uku da ɗaya ba. A gwaji guda ya ƙirga iri 7,324, sumul 5,474, masu yamutsewa 1,850, sai da adadin ya yi yawa haka sannan rabon ya fito kusan uku da ɗaya. Babu gidan da ke da 'ya'ya dubu bakwai, dan haka a gida ɗaya komai na iya faruwa. Da malamai za su riƙa ƙara jumla ɗaya tak a ƙasan zanen, cewa wannan na kowane ciki ne shi kaɗai, da an rage ɓarna mai yawa.

Amma idan bayani mai sauƙi yana sa mutane su je gwaji, me ya sa za a tsawaita shi a rikita su?

Masu wannan ra'ayin suna da hujja kuma ina girmama ta. Najeriya ce ta fi kowace ƙasa yawan masu sikila a duniya, ƙiyasin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayar shi ne jarirai kusan 150,000 ake haifa da cutar duk shekara, kuma kusan mutum ɗaya cikin huɗu na ɗauke da S. A Kano ma a 2024 gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu kan dokar gwaji kafin aure, har da jinotaif a ciki. Wanda ke da minti biyu a rediyo ko a masallaci bayan sallah ba zai tsaya bayanin furotin ba, wannan gaskiya ne.

Sai dai ba a nan gizo ke saƙar ba. Bambanci ne tsakanin ka rage bayani da ka canza shi. Idan ka ce "AS da AS akwai haɗari a kowane ciki, ku je ku ga likita" ka rage, kuma duk abun da ka faɗa gaskiya ne, wanda ya je ya ƙaro ilimi gobe ba sai ya goge komai a kansa ba. Idan ka ce "na huɗu ne sikila" ka canza, kuma tsawon jumlolin biyu ɗaya ne, ba wani lokaci da ka adana. Yawancin kurakuran da ke yawo ba wahalar ilimin ce ta jawo su ba, an saba faɗinsu ne haka kowa ya gada daga wanda ya koya masa.

Ni O fozitif ne, ita ma O fozitif, kenan jininmu ya haɗu?

Wannan rukunin jini ne ɗan'uwa, ba jinotaif ba, abu biyu ne daban kuma gwaji biyu ne daban. Rukunin jini, A, B, AB da O wanda Karl Landsteiner ya gano a farkon shekarun 1900, alama ce a jikin bayan jar ƙwayar jini, ƙwayar gadonsa tana kan kuromosom na 9. Jinotaif ɗin da muke magana kuwa nau'in himogulobin ne, wato furotin ɗin da ke ɗaukar iskar oksijin a cikin ƙwayar, ƙwayar gadonsa tana kan kuromosom na 11. A ɗin rukunin jini da A ɗin AA ba su da wata alaƙa sai harafi. Mutum na iya zama O kuma SS, yana iya zama AB kuma AA.

Inda rukunin jini ya shafi aure shi ne fozitif da negetif: mace negetif da ta ɗauki cikin jariri fozitif, jikinta na iya haɗa garkuwar da za ta cutar da cikin da zai biyo baya, kuma akwai allurar da ake yi cikin awa 72 bayan haihuwa ko ɓari dan hana hakan. Ba abun fasa aure ba ne, abun sanar da ungozomar asibiti ne tun awon farko.

An ce mana A ya fi S ƙarfi, shi ya sa AS ba ya ciwo. Haka ne?

Wannan sauƙaƙawa ce da zan iya haƙura da ita a aji, amma tana da wutsiya. Mutane na jin "ƙarfi" sai su ɗauka A na danne S har ya shafe shi, ko kuma uba mai "jini mai ƙarfi" ba zai haifi sikila ba. Babu wannan. Jikin AS yana haɗa himogulobin iri biyu a tare, A ya ɗan fi rabi, S ya ɗan gaza rabi, kuma yawan A ɗin ne ke hana ƙwayoyin lanƙwashewa a yanayi na yau da kullum. S ɗin na nan daram, kuma rabin maniyyinsa, ko in mace ce rabin ƙwan da take saki, suna ɗauke da shi.

Asalin bambancin ƙanƙani ne har abun mamaki. A ƙwayar gadon da ake kira HBB, harafi ɗaya ne na DNA ya sauya, GAG ya koma GTG, sai amino asid na shida, wato tubali na shida a sarƙar da ta haɗa himogulobin, ya canza daga gulutamik asid zuwa balin. Vernon Ingram ne ya nuna wannan canjin na amino asid a Cambridge a tsakiyar shekarun 1950, bayan Linus Pauling da abokan aikinsa sun nuna a 1949 cewa himogulobin ɗin masu sikila daban yake. Idan iskar oksijin ta yi ƙaranci sai himogulobin S ya manne da juna ya zama dogayen zaruruwa masu tauri, ƙwayar ta lanƙwashe kamar lauje, ta toshe ƙananan jijiyoyi, daga nan ciwon ƙashin nan yake zuwa wanda ake kwana ana kuka. Kuma jar ƙwayar lafiyayye tana kai kwana 120, ta mai sikila kwana 10 zuwa 20 ta mutu, shi ya sa ƙarancin jini da idon da ke yin ɗorawa.

AS ba ya maleriya ko?

Yana yi. Sauro na cizonsa, cutar na shiga jininsa, yana zazzaɓi. Abun da Anthony Allison ya nuna a 1954 a gabashin Afirka, kuma bincike ya yi ta tabbatarwa bayansa, shi ne S guda ɗaya yana rage haɗarin maleriya mai tsanani wadda ke kashe yara, wannan ne ma dalilin da S ya yi yawa a yankunan sauro. Amma gidan sauro da magani suna nan a kan kowa. Shi kuma SS maleriya na daga cikin manyan abubuwan da ke kwantar da shi, dan Allah kar a haɗa su a jumla ɗaya.

Kowane sel na jikin mutum yana da kuromosom 46, ko akwai wata magana? Me zan rubuta a WAEC?

Ka rubuta 46, ma'aurata 23, za ka samu makinka kuma ba ka yi ƙarya ba. Amma ka riƙe cewa kalmar "kowane" ce ta yi yawa. Maniyyi da ƙwan mace 23 ne kowanne, in sun haɗu a samu 46. Jar ƙwayar jini da ta balaga ba ta da cibiyar sel gaba ɗaya, ta yar da ita tun tana cikin ɓargo, dan haka ba kuromosom a cikinta, in ka ji an ɗebi jini dan gwajin DNA to daga fararen ƙwayoyin ake samu. Mai lalurar Down yana da 47 sabida na 21 ya zo uku. Sannan ba duk DNA ne ke cibiya ba, maitokondiriya, wato ɓangaren sel da ke samar masa da ƙarfi, na da nata ɗan ƙarami mai ƙwayoyin gado 37, kuma daga uwa kaɗai ake gadonsa.

Ita kanta lambar 46 ɗin tana da labarin da nake so ɗalibai su sani. Kusan shekara talatin littattafai na cewa 48 ne, sai a 1956 Joe Hin Tjio da Albert Levan a Lund ta ƙasar Suwidin suka samu hoto mai kyau suka ƙirga suka ga 46. Masana da yawa sun duba ta madubin ƙara girma kafin su, amma lambar da aka koya musu suka riƙa gani.

Ni AS ne ita AC ce, ba S biyu, ai babu matsala?

Akwai matsala, kuma nan ne bayanin "AA, AS, SS" mai harafi uku yake cin amanar mutane. C wani nau'in himogulobin ne daban da A da S. A kowane ciki akwai kashi 25 yaron ya zo SC, kuma SC cutar sikila ce, yawanci ba ta kai SS tsanani a yarinta ba amma tana kawo ciwon ƙashi, tana lalata ƙashin ƙugu, tana taɓa ido sosai, kuma tana da haɗari lokacin goyon ciki. C ya fi yawa a arewacin Gana da Burkina Faso, dan haka 'yan'uwanmu na zangon Kumasi da Tamale sun fi saninsa, amma a Najeriya da Nijar ma akwai shi. Duk wanda zai wayar da kai ya daure ya ambaci C, daƙiƙa biyar ne.

Takardata ta ce AA, matata AS, yaronmu kuma an ce sikila ne. Yaya haka za ta faru?

Kafin kowace magana ɗan'uwa, kar ka bari zuciyarka ta kai ka ga zargin iyalinka, dan an sha rusa gida a kan jumlar nan ta "AA ba ya haifar sikila". Jumlar gaskiya ce idan AA ɗin na gaske ne, amma akwai hanyoyi biyu da takarda ke cewa AA alhali ba haka ba ne.

Ta farko kuskuren gwaji, kuma ya fi yawa fiye da yanda ake zato. Gwajin da aka fi yi a ƙananan wurare shi ne a ɗiga jini a wata 'yar takarda a sa mata wutar lantarki, kowane nau'in himogulobin ya yi tafiyarsa ya tsaya a layinsa, sai ma'aikaci ya duba da ido ya kwatanta da jinin da aka riga aka san nau'insa. Idan sinadarin ya tsufa, ko wuta ta ɗauke a tsakiya, ko ba a sa jinin kwatancen ba, layukan sai su haɗe su yi dishi-dishi, ga layi na mutane a waje, sai a rubuta AA da biro a buga hatimi. Haka kuma ana iya musanya kwalabe.

Ta biyu akwai wata lalurar gado da ake kira beta talasimiya, mai ɗauke da ita guda ɗaya gwajin da aka saba yana nuna shi kamar AA, amma in ya ba yaro ita uwa kuma ta ba da S, yaron zai yi ciwo irin na sikila, wani lokaci ma takardarsa ta fito kamar SS. Abun yi shi ne ku uku ku koma babban asibiti a maimaita da na'urar HPLC, wadda ke ba da adadin kowane nau'i da lamba.

Wa ke sa a haifi mace ko namiji?

Ƙwan mace kullum X yake ɗauke da shi, maniyyi ne wani X wani Y, wanda ya riga shiga shi ne. Dan haka matar da ake goranta wa a gidan miji wai 'ya'ya mata kawai take haifa an zalunce ta, ba ta da Y ɗin da za ta bayar tun farko. Amma ban yarda da masu juya maganar su ce "laifin mijin ne" ba, wannan ma gudun gara ne aka faɗa gidan zago. Shi ma ba ya zaɓa, maniyyi miliyoyi ne kusan rabi da rabi, babu abinci ko maganin da aka tabbatar yana sauya wannan. Kyauta ce ta Allah, ba laifin kowa a ciki.

Auren zumunci ne ke kawo sikila?

Ba ya ƙirƙirar S. In babu S a dangin, 'ya'yan wa da ƙani za su yi aure ba za a ga sikila ba. Abun da yake yi shi ne ƙara yiwuwar mutum biyu su gaji abu ɗaya daga kaka ɗaya, kuma wannan ya shafi duk lalurorin da sai an samu daga ɓangare biyu suke bayyana, har da zabiyanci, inda iyaye baƙaƙe biyu kan haifi zabiya. A ƙasar da kusan ɗaya cikin huɗu ke ɗauke da S kuwa, bare ma ba tsira ba ne, gwajin dai shi ne.

Jinotaif na canzawa? Na ji wani ya sha magani ya koma AA.

Babu jiƙo ko ƙwaya ko abincin da ke canza harafin DNA, wanda aka ce ya koma AA ɗaya daga cikin gwaje-gwajensa biyu ne ba daidai ba, ko kuma an ƙara masa jini kwanan nan ana ganin jinin wani a jikinsa. Maganin haidiroksiyuriya da likitoci ke bai wa masu sikila yana taimako ƙwarai, yana ƙara himogulobin F irin na jarirai ya rage yawan tashin ciwo, amma SS ɗin na nan.

Dashen ɓargo ne ke sauya jinin da gaske, idan ya yi nasara jinin mutum ya koma irin na wanda ya ba shi. Sai dai ga inda ake yawan tsallakewa: ɓargo aka canza, ba maniyyi ko ƙwai ba, dan haka wanda aka haifa SS aka yi masa dashe ya warke, duk ɗan da zai haifa S zai ba shi, kuma dole a yi lissafin aurensa da SS. Haka ma sabon maganin gyaran ƙwayar gado, Casgevy, da Ingila ta amince da shi a Nuwamban 2023 Amurka kuma a Disamba, bai goge S ba, yana sake kunna himogulobin F ne a sel ɗin ɓargon mutum, kuma kuɗin da aka sa masa a Amurka a 2023 ya haura dala miliyan biyu.

To in na je gwaji me zan tambaya?

Ka tambayi wane irin gwaji za su yi. Akwai wanda kawai ke nuna akwai S ko babu, wannan ba ya bambanta AS da SS kuma ba ya ganin C sam, bai isa a ɗaura aure a kansa ba. Ka nemi na lantarkin ko HPLC in da hali, ka faɗa musu idan an ƙara maka jini cikin wata uku ko huɗu da suka wuce, kuma ka maimaita a wani wurin daban tun kafin a kai kuɗin gaisuwa, ba ana saura mako ɗaya biki ba lokacin da kowa ya riga ya ɗinka anko. In jariri ne a sani cewa a watannin farko himogulobin F ne ya fi yawa a jininsa, shi ya sa alamu kamar kumburin hannu da ƙafa sukan fara daga wajen wata biyar ko shida, gwajin da aka saba yana iya rikicewa a lokacin, sai a yi da na'urar da ta dace da jarirai ko a sake bayan ya wuce wata shida.